Williamsburg: garin da aka tsayar wa agogo

A jihar Virginia, gabashin Amurka, akwai wani titi mai tsawon kilomita 1 da rabi wanda ba a barin mota ta bi shi da rana. Keken doki ne ke kai da kawowa a kansa. Maƙeri na bugun ƙarfe a wata rumfa, gaba kaɗan mai ɗab'i na jera haruffa ɗaya bayan ɗaya da hannu, mata sanye da tufafin da aka daina yayi tun fiye da shekara 200 suna gaida baƙi a bakin ƙofa. Wanda ya tsaida ɗaya daga cikin mutanen nan ya tambaye shi labarin gari, yana iya ba shi amsa kamar ana cikin shekara ta 1775, sarkin Ingila na bisa gado, gwamnansa na cikin fada. Sunan wurin Williamsburg. Masu kula da shi suna kiransa gidan tarihi mai rai, domin maimakon a tara kayan da a cikin akwatunan gilashi, an ɗauki tsakiyar gari sukutum, wajen hekta 120, an mai da ita yadda ake zaton take a ƙarshen mulkin mallakar Ingilishi. Tun 1926 ake wannan aiki, kuma ya zama abin misali ga masu son raya tsofaffin garuruwa a wurare da dama. Saboda haka ya cancanci a zauna a duba abin da ya samar, a kuma duba abin da ya ci kafin ya samar da shi.

Garin kansa a takarda aka zana shi kafin a aza tubali. Ingilishi sun fara zama a Jamestown a 1607, a bakin kogi, cikin fadama da sauro. Da gidan majalisarsu ya ƙone a 1698, sai aka mai da mazaunin mulki bisa wani tudu tsakanin kogin York da kogin James, aka raɗa masa sunan sarki William na 3 a 1699. Gwamna Francis Nicholson ya shata babban titi miƙaƙƙe. Makarantar William da Mary, wadda aka kafa tun 1693, tana bakinsa na yamma, majalisa tana bakinsa na gabas, majami'a da kasuwa da ɗakin albarushi suna tsakiya, fadar gwamna kuwa ta ɗan ja baya wajen arewa. Abin da ke ciyar da su duka bai fito a zanen ba, wato taba, da bayin da aka kwaso daga gaɓar Afirka suna noma ta.

Shekara 81 garin ya yi yana babban birnin Virginia, kuma a cikinsa aka dafa wani kaso na tawayen da ya haifi Amurka. A 1765 Patrick Henry ya miƙe a majalisa ya yi tir da harajin kan sarki da Landan ta ɗora. A watan Afrilu na 1775 gwamna Dunmore ya sa aka kwashe albarushin gari da tsakar dare, jama'a suka harzuƙa. A watan Yuni na 1776 wakilai suka amince da takardar haƙƙoƙin ɗan Adam da George Mason ya tsara. George Washington da Thomas Jefferson duk sun zauna a kujerun wannan majalisa. A daidai lokacin mutanen garin ba su kai 2000 ba, fiye da rabinsu baƙar fata ne, kuma kusan dukansu bayi. Wakilan da suka rubuta cewa kowane mutum da ƴancinsa aka halicce shi sai da suka tsaya suka cusa wani sharaɗi a cikin jimlar don kada ta shafi bayinsu.

A 1780 Jefferson, yana gwamna, ya ɗauke mulki zuwa Richmond. Wanda ya san Damagaram bayan da aka mai da babban birnin Nijar Yamai a 1926 ba ya bukatar a yi masa bayanin yadda gari ke ji idan gwamna ya tashi da ofisoshinsa. Williamsburg ma ba ta da kasuwa ko sarauta irin ta Damagaram da za ta jingina da su. Fadar gwamna ta ƙone a 1781, majalisa ta ƙone a 1832, mashayar Raleigh inda ƴan tawaye ke ganawa ta ƙone a 1859. Aka bar gari da makaranta da asibitin masu taɓin hankali. Rashin abin hannu ne ya tsare sauran tsofaffin gidaje, domin babu mai kuɗin da zai rushe ya gina sabo. Zuwa 1920 ana ganin gidan ƙarni na 18 jingine da gidan mai, turakun lantarki sun bi tsakiyar babban titi, allunan talla sun rufe tsofaffin bangaye.

Wannan hali ne ya hana wani limamin majami'ar Bruton, W. A. R. Goodwin, barci. Ya nemi iyalin Ford masu motoci, ba su amsa ba. Sai ya dace da John D. Rockefeller ƙarami, magajin dukiyar man fetur, wanda ya ziyarci garin a 1926 tare da iyalinsa. A watan Disamba na wannan shekara Rockefeller ya bugo wayar tangarahu yana ba da izinin sayen gida na farko a kan dala 8000, ya sa hannu da «Baban David». Bahaushe ya san irin wannan sakayawa, sai dai a nan gudun tashin farashi ne ya kawo ta. Wata 18 Goodwin ya yi yana sayen gidaje da filaye da sunansa, mutanen gari na ta ƙus-ƙus ba su san mai kuɗin ba. Sai a watan Yuni na 1928 aka tara su aka bayyana sunan, aka nemi su yarda a miƙa filayen gari. A makarantar farar fata aka yi taron, a zamanin da dokar Virginia ta raba jinsi, don haka baƙar fatar garin ba su da baki a ciki. Waɗanda suka halarta sun amince, in ban da ƴan ƙalilan. Ɗaya daga cikin masu ƙi, Manjo Freeman, ya tambayi ƴan'uwansa ko bayan sun sayar garin zai ci gaba da zama nasu, ya ce yana tsoron su koma kamar malam-buɗe-littafi da aka soke da allura aka ajiye cikin gilashi. Duk sukar da masana suka yi wa wurin daga baya, da ƙyar ta wuce abin da mutumin nan ya hango a daren.

Domin a mai da gari gidan tarihi, dole a zaɓi sa'ar da za a tsaida agogo. Masu aikin suka zaɓi ƙarni na 18, suka ja layi wajen 1790. Abin da ya girmi layin aka gyara shi, gine-gine 88 ke nan. Abin da aka gina bayansa, fiye da gini 700, aka rushe ko aka ɗaga aka kai wani wuri: gidajen zama, kantuna, makarantu, har da wadda aka yi taron a cikinta, domin tana zaune bisa kufan fadar gwamna. A gurbinsu aka sake gina ɗaruruwan gine-ginen da suka daɗe da ɓacewa. Da haka shekara 140 na rayuwar gari suka fita daga fage, da yaƙin basasa da aka gwabza a bakin garin a 1862, da ƴanta bayi, da duk abin da ƴantattun suka gina da guminsu. Kafin gyaran, iyalan baƙar fata da na farar fata suna zaune gida kusa da gida a tsohon gari. Bayansa aka sami unguwar waɗannan dabam, ta waɗancan dabam. Aikin da aka yi da sunan tarihi ya ƙara wa wariyar zamaninsa ƙarfi.

Ba daidai ba ne a ce magina sun yi aikin ganin dama. Kamfanin Perry, Shaw da Hepburn na Boston, da masu binciken da ke tare da shi, sun bi diddigi iyakar ƙoƙarinsu. Sun yi aiki da wata taswira da ake jin wani hafsan sojan Faransa ne ya zana a 1782, wadda ta nuna mazaunin kusan kowane gini. Sun sami zanen cikin fada da Jefferson ya yi da hannunsa. A 1929 Mary Goodwin ta gano wani allon tagulla a ɗakin karatu na Bodleian a Oxford, mai ɗauke da siffar fada da majalisa da makaranta kamar yadda suke wajen 1740. Da waɗannan, da harsashin da aka tono, aka tada fada da majalisa, aka buɗe su a 1934. Rockefeller ya zuba fiye da dala miliyan 60 kafin rasuwarsa a 1960, kuma an san shi da cewa in bincike ya nuna kuskure a rushe a sake.

Amma bincike ba ya yanke wa mutum abin da ransa ke so. Majalisar Williamsburg gini biyu ce a tarihi: ta farko an gama ta a 1705 ta ƙone a 1747, ta biyu an gama ta a 1753 a kan harsashi guda. A ta biyun ne Patrick Henry ya yi jawabinsa, a cikinta aka amince da takardar Mason. Masu gyara suka sake gina ta farko, domin ta fi cikakkun bayanai, ta kuma fi kyan gani. Baƙon da ake nuna wa inda aka yi jawabin 1765 yana tsaye ne a cikin siffar ginin da ya ƙone shekara 18 kafin jawabin. Haka lambuna: Arthur Shurcliff ya tsara su tsaf, da shingaye a daddatse, fiye da yadda mai gidan da ke kiwon aladu da kaji a bayan ɗaki zai taɓa yi. Fenti ko'ina sabo. Adon ƴaƴan itace da ake rataya wa ƙofofi lokacin Kirsimeti, wanda Amurkawa da yawa suka ɗauka gadon kakanni ne, a ƙarni na 20 aka ƙago shi. Hatta masu tonon farko harsashi kaɗai suke nema, suna haƙa ramuka a karkace suna watsar da ƙasar da ke ɗauke da fasassun tukwane da ƙasusuwan abinci, sai da Ivor Noël Hume ya karɓi aikin a 1957 aka fara karanta sharar gida a matsayin shaida. Ada Louise Huxtable, mai sharhin gine-gine a jaridar New York Times, ta shafe shekaru tana sukar wurin a kan cewa ya koya wa jama'a fifita kwafi mai tsabta bisa abu na ainihi mai tabo. Tana da gaskiya, ko da yake akwai abin da za a ƙara. Williamsburg shaida ce ta gaske, amma ta shekarun 1930: tana nuna yadda attajiran Amurka, a tsakiyar karayar tattalin arziki, suke son a tuna musu asalinsu.

Inda wurin ya yi abin a yaba, kuma yabon ba na ladabi ba, shi ne wajen sana'a. Akwai wajen sana'o'i 20 da ake yi da kayan aiki da dabarun ƙarni na 18: maƙeran baƙi da na fari, masu ƙera bindiga, masu gangar katako, masu ƙafar keken doki, dukawa, masaƙa, masu buga jan bulo, masu ɗab'i da ɗinkin littafi. Ba kwaikwayo suke yi ba. Yaro na shiga ya yi shekaru a ƙarƙashin maigida kafin a sallame shi, kamar yadda aka saba a kowace maƙera. Da aka tashi sake gina gidan shan gahawa na Charlton a 2009, da maƙerar makamai ta Anderson bayansa, bulo da ƙusoshi da katakon da masu sana'ar wurin suka yi da hannu sun shiga cikin ginin. Ana kuma kiwon irin tumaki da shanun wancan zamani da suka kusa ƙarewa. Gidan tarihi na ƙasa da ke Yamai, wanda aka buɗe a 1959, ya san wannan dabara, tun da maƙera da dukawa da masaƙa na aiki a harabarsa gaban baƙi. Bambancin shi ne a Yamai da ranta aka shigo da sana'ar, a Williamsburg kuwa inji ya riga ya kashe ta, sai da aka tono ta daga tsofaffin littattafai da alamun guduma a jikin tsofaffin kaya. Akwai ilimin da ba ya zama a takarda. Sai mutum ya ƙera makulli sau ɗari kafin ya gane dalilin da ya sa na da suka lanƙwasa shi haka. Ɗalibin da ya tsaya minti 10 gaban mai gangar katako ya koyi abin da darasin awa biyu ba zai ba shi ba.

Sai dai nasarar sana'a ita ce ta fito da iyakar dabarar. Ƙusar da aka ƙera yau ƙusa ce ta gaske, za ta riƙe katako kamar ta 1770. Bauta kuwa ba a maimaita ta. Wanda ya sa tufafin bawa da safe zai tuɓe da yamma ya karɓi albashi, mai kallo ma ya san haka. To yaya gidan tarihi mai rai zai nuna rayuwar rabin mutanen gari?

Shekara 50 na farko amsar ita ce shiru. Baƙar fata na nan a wurin, suna tuƙa keken doki, suna dafa abinci, suna share ɗakuna, wasu ma cikin tufafin da, amma masu yi wa baƙi bayani kan ce «barori» in sun zo kan bayi, su wuce zuwa zancen kujeru da labule. Har zuwa ƙarshen zamanin wariya baƙon da yake baƙar fata yana iya kallon gine-gine, amma masaukan wurin ba nasa ba ne. Sai a 1979 gidauniyar da ke riƙe da wurin ta ɗauki ƴan wasa baƙar fata 6, cikinsu har da Rex Ellis, don su fito a matsayin bayi da ƴantattun garin. Aiki ne mai nauyi. Wasu baƙi na kau da kai, wasu na yin ba'a, wasu daga cikin danginsu ma na tambayarsu abin da ya kai su sa rigar da kakanni suka sha wuya kafin su tuɓe.

Ranar 10 ga Oktoba 1994 aka kai abin maƙura. Sashen tarihin baƙar fata, ƙarƙashin Christy Coleman, ya shirya gwanjo irin na 1773 a bakin mashayar Wetherburn, inda za a sayar da filaye da kaya da mutum 4. Mutane wajen 2000 suka taru. Ƙungiyoyin kare haƙƙin baƙar fata, NAACP da SCLC, suka zo hana wa, suna cewa an mai da azabar kakanni abin nishaɗin ƴan yawon buɗe ido. Wasu suka zauna a kan matakalar da za a yi wasan. Coleman ta roƙi a bari a gani tukuna, sannan ita da kanta ta fito a matsayin baiwa mai ciki da aka sayar wa wani dabam da wanda ya sayi mijinta. Filin ya yi tsit, mutane na hawaye. Jack Gravely na NAACP, wanda ya zo don adawa, ya faɗa a bainar jama'a cewa abin da ya gani ya sauya masa ra'ayi. Wasu ba su sauya ba. Ba a kuma sake yin gwanjon ba.

Duka ɓangarorin biyu suna da hujja, kuma wannan ne ya sa ranar ta fi kowace muhimmanci a tarihin wurin. Masu wasan sun yi daidai da suka ƙi yarda a ci gaba da nuna garin bayi ba tare da ciniki ba, alhali a bakin irin waɗannan mashayu ake yinsa. Masu adawa su ma sun ga wani abu na gaske: taron da ya kewaye dandalin yana tsaye ne daidai inda masu saye ke tsayawa, wasu da abin sha a hannu, kuma bayan rabin awa za su wuce kantin tsaraba. Dabarar da ke sa mutum ya ji kamar yana can, ita ce ke ba shi damar fita ba tare da ko ƙwarzane ba. Littafi ko allon bayani ba su da wannan ƙarfi, ba su kuma da wannan haɗari.

A 1997 masana biyu, Richard Handler da Eric Gable, suka fitar da littafi bayan dogon zama cikin ma'aikatan wurin. Sun lura cewa sabbin masana tarihi sun ci nasarar barin kashin doki a kan titi da barin fenti ya ɗan kwaile, don a rage ƙyalli, amma ƙashin bayan labarin bai motsa ba. Abin da ya fi tsayawa a rai cikin bincikensu shi ne yadda ake magana. In an zo kan mai gida, sai a ce takarda ta tabbatar. In an zo kan bawansa, sai a ce ana zato. Alhali gadon da aka shimfiɗa a ɗakin mai gida shi ma sau da yawa zato ne, an dai sayo irinsa an ajiye. Dalilin a fili yake: mai alƙalami shi ya bar takarda. A gidan Peyton Randolph, shugaban majalisa, bayi 27 ke zaune, kuma an san sunayensu ne domin an lissafa su cikin dukiyar mamaci, kowa da kuɗinsa, a jeri guda da azurfa da dawaki. Gidan tarihin da ya ce ba zai faɗi kome ba sai abin da takarda ta faɗa ya riga ya ɗauki ɓangare, ko bai sani ba. Ga kuma matsalar ciki. Wurin na rayuwa ne da tikiti da otel da kantuna da kyautar masu hannu da shuni. A shekarun 1980 ana sayar da tikiti fiye da miliyan 1 a shekara, zuwa 2016 abin ya ragu da kusan rabi, a 2017 kuma gidauniyar ta bayyana asara mai yawa ta sallami ma'aikata. Wanda ya biya kuɗi ya kawo iyalinsa hutu ba kullum yake son a ɓata masa rai ba, kuma ma'aikacin da ke gabansa ya san da haka.

Abin da ya fi gyara labarin a ƙarshe daga ƙarƙashin ƙasa ya fito. Tun 1776 bayi da ƴantattu suka kafa jama'arsu ta ibada a asirce, a cikin daji bayan gari, domin doka ta hana su taruwa. Jagoransu Gowan Pamphlet bawan wata mai mashaya ne a babban titi. A farkon ƙarni na 19 suka sami ɗan ƙaramin ɗaki a titin Nassau, guguwa ta rushe shi a 1834, suka gina majami'ar jan bulo a 1856. Wannan majami'a, First Baptist, tana cikin mafi daɗewa na baƙar fata a Amurka. Shekara 100 tana tsaye. Amma 1856 ta faɗo bayan layin da aka ja, don haka a tsakiyar shekarun 1950 gidauniyar ta saye ta, aka gina wa jama'ar sabuwa a wani titi, aka rushe tsohuwar. Daga baya aka malala kwalta a wurin aka mai da shi wurin ajiye motoci. Fiye da shekara 50 baƙi na ajiye mota a nan su taka zuwa kallon inda aka yi jawabin ƴanci.

Tsofaffin majami'ar sun daɗe suna cewa akwai kakanninsu kwance a filin. Babu takardar da ta faɗa, saboda haka maganar ta zauna a sahun «ana zato». A 2020, bayan jama'ar majami'ar sun matsa, aka ɗaye kwaltar aka fara tono tare da shawararsu. A 2021 aka sami harsashin ɗan ɗakin farko, wanda bai wuce mita 5 da mita 6 ba. Sannan kaburbura suka fara bayyana, har suka haura 60. Da izinin zuriyar aka buɗe 3 aka yi gwaji, sakamakon ya dace da abin da tsofaffi ke faɗa. Ranar wanka ba a ɓoyon cibiya: hukumar da ta rufe wurin ita ce ta tone shi, ta kuma amsa a fili cewa rushewar kuskure ce. An tsai da shawarar sake gina ɗakin ibadar na farko a mazauninsa, ko da yake ginin ƙarni na 19 ne, wato a karon nan layin 1790 ne ya ba da hanya. Sai dai a lura da abin da za a samu: kwafin ɗakin da guguwa ta rushe, a wurin da gidan tarihi da kansa ya rushe gini na ainihi wanda mutane ke ibada a cikinsa.

Malaman makaranta za su fi tsayawa a kan gini na biyu. Daga 1760 zuwa 1774 wata ƙungiyar Anglika ta Landan mai ɗauke da sunan Thomas Bray ta riƙe makaranta a Williamsburg don yaran baƙar fata, bayi da ƴantattu, bisa shawarar Benjamin Franklin. Malama guda ce, Ann Wager, ta koyar a cikinta tun buɗewa har rasuwarta, kuma yara ɗaruruwa sun bi ta hannunta. Ana koya musu karatu da addini, ƴan mata kuma har da ɗinki. Manufar masu makarantar ba ta ɓuya ba: yaro ya karanta littafi ya gane cewa bauta ƙaddararsa ce, ya yi wa ubangijinsa biyayya. Amma wanda ya iya karanta wa'azi ya iya karanta jarida da takardar izinin tafiya, kuma babu malamin da ya taɓa iya tsare harafi a inda ya ajiye shi. An ɗauka ginin ya ɓace. Ashe yana nan cikin harabar jami'ar William da Mary, an ɗaga shi daga mazauninsa a 1930, an yi masa ƙare-ƙare, ana amfani da shi a matsayin ofis. Wani malamin adabi, Terry Meyers, ya bi sawunsa a takardu, a 2020 kuma aka ƙirga zoben shekaru a jikin katakonsa aka ga an sare itacen ne a ƙarshen 1759 zuwa farkon 1760. A watan Fabrairu na 2023 aka ɗora ginin bisa babbar mota aka ja shi sannu a hankali zuwa cikin tsohon gari, kusa da filin majami'ar, jama'a na biye da shi a ƙasa. Ya zama na 89 cikin gine-ginen ainihi.

Masu gyaran 1930 sun wuce ta gaban wannan gida ba su gan shi ba, domin ba shi suke nema ba. Yanzu da aka same shi, aikin da ya rage ya fi na kafinta wuya. Jerin sunayen ɗalibai 3 ne kawai suka tsira, na 1762 da 1765 da 1769. A cikinsu kowane yaro suna ɗaya tak gare shi, a gefensa kuma an rubuta sunan mai shi, in ban da ƴan kaɗan da aka rubuta wa cewa ƴaƴa ne. Daga waɗannan sunaye masu bincike a jami'ar, tare da iyalan garin, suke bin zuriya gida gida.